Daga Dutsen Ƙanƙara Zuwa Burtalin Dakoro

A zamanin da kowace wayar hannu take ɗauke da taswirar duniya, har yanzu akwai manyan kamfanoni a Amurka da Turai da suke biyan mutum guda ya zauna da buroshi ya zana musu dutse da hannunsa, itace bayan itace. Kamfanonin nan su ne masu wuraren wasan zamiya a kan dusar ƙanƙara, wasan da mutum yake ɗaura dogayen falankai biyu a ƙafa, kujerar da ke rataye jikin waya ta haye da shi ƙolin dutse, sannan ya sulalo ƙasa. Wasa ne da ba ruwan ƙasar Hausa da shi, ko da yake a Afirka ma ana taɓawa, a Ukaimeden ta Maroko da kan duwatsun Lesoto. Sai dai takardar da ake miƙa wa ɗan wasan a bakin ƙofa ta warware wata matsala da mutanen gundumar Dakoro suke fama da ita har gobe: yaya za a zana hanya yadda wanda zai taka ta da ƙafarsa zai duba sau ɗaya ya gane?

Dutsen da ake wasan a kansa ba fuska ɗaya gare shi ba. Wasu hanyoyin sun gangara gabas, wasu yamma, wasu kuma suna can bayansa. Hoton jirgin sama fuska ɗaya yake kamawa. Taswirar masu awon ƙasa, mai layukan nan da ke nuna tudu da gangare, ba ta ƙarya, amma sai wanda aka koya wa yake iya karanta ta. Shi kuwa ɗan wasa yana tsaye cikin sanyi, hannu cikin safa, iska na kaɗa takardar, abin da yake so ya sani bai wuce uku ba: ina nake, wace hanya ce daidai ƙarfina, ina za ta sauke ni. In ya ɗauki hanyar gwanaye alhali shi ɗan koyo ne, karaya ce. Shi ya sa aka ba hanyoyin launi. A Amurka kore na 'yan koyo ne, shuɗi na matsakaita, baƙi na gwanaye. A Turai ana saka ja tsakanin shuɗi da baƙi. Amma launi kaɗai ba ya isa, dole ido ya ga dutsen ya yarda cewa shi ne wanda yake tsaye a kansa.

Wanda ya kafa harsashin wannan sana'a a zamaninmu shi ne Heinrich Berann, mutumin Innsbruck ta ƙasar Ostiriya, wanda aka haifa a 1915 ya rasu a 1999. Sunansa ya fara fita a 1934 da zanen sabuwar hanyar motar da ta bi ta kusa da dutsen Grossglockner. Shi ne kuma ya zana taswirar ƙarƙashin tekunan duniya da ta fito a 1977, bisa awon da Marie Tharp da Bruce Heezen suka tattara, har mutane suka ga cewa akwai jerin duwatsu a ƙasan ruwa. A Faransa akwai Pierre Novat, wanda ya rasu a 2007, da ya shafe shekaru yana zana wuraren wasan da ke duwatsun Alpis. A Amurka kuwa sana'ar gado ta zama, ba na jini ba, na hannu: Hal Shelton, sai Bill Brown, sai James Niehues na jihar Kolorado, wanda ya karɓi aikin daga hannun Brown wajen 1988. Littafin da aka tattara ayyukansa a 2019 yana ɗauke da wuraren wasa kusan 200, kuma ya ajiye buroshin taswira a 2021.

Yadda Niehues ya riƙa aiki ya cancanci a tsaya a kansa. Yakan shiga ƙaramin jirgi a zagaya da shi dutsen, daga sama can sannan a sauko kusa, yana ɗaukar hotuna ta kowace kusurwa. In ya koma gida sai ya yi zanen fensir, ya aika wa masu wurin su duba ko ya manta wata hanya ko ya karkata wata. Sai sun amince zai hau allo. Da na'urar fesa fenti yake yin sararin sama da farin ƙanƙara, sannan ya bi da inuwa, domin inuwar ce take gaya wa ido inda gangaren ya yi tsanani. Daga ƙarshe itatuwa, dubbai, kowane da ɗigonsa da inuwarsa, masu zubar da ganye daban, masu tsinin kai daban, don ɗan wasa ya gane kurmin da yake wucewa.

Asirin dai yana cikin zanen fensir ɗin nan. A nan ne mai zane yake kama dutsen ya buɗe shi ya baje, kamar yadda majemi yake shimfiɗa fatar jar akuya har ciki da baya da ƙafafu su kwanta a fuska ɗaya. Yana juyo da gefen da ya ɓuya, yana ƙara wa ƙoli tsayi, yana faɗaɗa hanyar da ta yi siriri, yana matse dajin da ba kowa ke shiga ba. Berann ma da ya zana gandun Yellowstone sai ya sa kudu a sama, don manyan duwatsun Teton su tsaya a ƙarshen gani. In ka ɗora ma'auni a kan irin wannan zane, kusan ko'ina kuskure ne. In ka riƙe shi ka hau dutsen, ba za ka ɓata ba. Mai zanen ya zaɓi abin da zai gaskata, wato alaƙar hanya da hanya da kamannin wuri, ya sadaukar da tazara da kusurwa. Kwamfuta tana iya lanƙwasa ƙasa haka nan yanzu, kuma wurare da yawa sun koma gare ta, amma sanin abin da za a kumbura da abin da za a danne hukunci ne, mutum ke yanke shi.

To, mu dawo gida. Dakoro tana sama da kilomita 100 arewa da Maradi, a daidai inda gona take ƙarewa kiwo ya fara. Babu dutse, babu ƙanƙara, sai jigawa da fako da kwari. Amma ƙasa ce ta hanyoyi. Da ruwa ya sauka aka yi shuka, garkunan Fulani da na Buzaye sukan bar kudu su nufi arewa, su tsallake kwarin Tarka zuwa wajen Bermo da Gadabeji, wasu har Ingal wurin lasar gishiri. Bayan girbi su juyo, wasu su tsaya cikin karan gonakin Kornaka da Gidan Rumji, wasu su zarce Najeriya. Tafiyar nan ta dogara ne da burtali: zirin ƙasa tsakanin gonaki wanda dabba take da haƙƙin bi, da wuraren kwana, da mashaya. Da can aguwa da dashi ake dasawa su yi masa shinge, kowa ya san iyakarsa tun yana yaro.

Doka ba ta yi shiru a kan wannan ba. Tun ranar 26 ga Mayun 1961 Nijar ta ja layin da noma bai kamata ya ƙetare zuwa arewa ba, kuma a yankin Dakoro kwarin Tarka ne ake ɗauka a matsayin wannan iyaka. Dokar ta ce wanda ya yi gona a arewacin layin, in dabba ta yi masa ɓarna ba shi da diyya. Sai dai yawan jama'a da gajiyar ƙasar kudu da farin 1973 da na 1984 sun tura manoma arewa, gero ya shiga Tarka ya wuce, burtali kuma aka riƙa gutsurarsa kunya ɗaya kunya biyu kowace damina har wani wurin ya toshe. Abin da toshewar hanya da gabar da take haifarwa suke iya jawowa, jihar Maradi ta gani a Toda ta ƙasar Gidan Rumji, a watan Oktoban 1991, inda aka kashe Fulani sama da 100, yawancinsu mata da yara. Bayan nan aka samu kundin dokokin karkara na 1993, wanda ya kafa hukumomin kula da filaye da kowa ya fi sani da Kofo, tun daga gunduma har ƙauye. A 2010 kuma aka fitar da dokar kiwo, wadda ta amince cewa ƙaura da dabbobi haƙƙin makiyayi ne, ta kuma sake tabbatar da layin 1961. A 2017 jihar Maradi da jihar Katsina sun sa hannu kan yarjejeniyar tsara shige da ficen garkuna tsakaninsu.

Aiki ma an yi. Tun ƙarshen shekarun 1990, shirin PASEL da ƙasar Suwizalan ta ɗauki nauyi, tare da sarakuna da Kofo da ƙungiyoyin makiyaya irin su AREN, sun bi burtali da dama a wannan yanki. Akan tara masu gari da arɗaɗɗi da masu gonakin da ke gaɓa, a yi ta ja-in-ja har a daidaita, a shafa wa itatuwa fenti, daga baya a kafa turakun siminti, a ɗauki lambobin wurin da na'urar tauraron ɗan Adam, a shigar a kundi. Daga nan ake fitar da taswira. Tana da kyau, tana da ma'auni, tana da kibiyar arewa, bayaninta da Faransanci. Tana rataye a ofis.

Nan ne nake ganin gizo yake saƙar. Mutum biyun da burtalin ya shafa, mai sanda da mai hauya, su ne ba su taɓa ganin taswirarsa ba, in ma sun gani ba da su take magana ba. Ɗauki taswirar ƙasa irin wadda aka gada daga Faransawa, wadda santimita ɗaya a takarda yake daidai da kilomita 2 a ƙasa. Burtali mai faɗin mita 100 a kanta rabin milimita ne, kamar kaurin layin biro ke nan. Rijiya kuwa ba ta da girman da za ta bayyana, sai dai a sa mata alama. Babban gawon da kowa yake kwatance da shi, da shaton ruwan da ake hange daga nesa, da jigawar da shanu suke shan wuya kafin su haye, duk babu su. Abin da matafiyi yake riƙe hanya da shi, shi ne abin da ma'auni yake sharewa.

Kada a ce mutanenmu ba su san taswira ba. Fatake sun yi ƙarnuka suna riƙe da hanyar Gwanja da ta Agadas a ka, zango bayan zango, kuma kowane ayari da jagabansa. Da Bature matafiyi Heinrich Barth ya ratsa Tasawa da Gazawa a farkon 1851, daga bakin irin waɗannan mutane ya yi ta rubuta jerin zanguna. A 1824 wani Baturen, Hugh Clapperton, ya isa Sakkwato, ya kuma ba da labarin cewa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya zana masa yadda kogin Kwara yake tafiya a kan ƙasa. Taswirar takarda da ake jingina wa Bello an buga ta a Landan a 1826, kuma ita ta nuna kogin ya nufi gabas, ba teku ba. Wasu masana suna ganin da gangan aka yi haka, don kada a nuna wa Bature ƙofar shigowa. Har yau in ka tambayi makiyayi hanyar Gadabeji, zai durƙusa ya share ƙasa da tafin hannu, ya ja layi da sanda, ya ajiye tsakuwa nan rijiya, kashin raƙumi can tafki. Ma'aikatan ayyukan raya karkara sun daɗe da gano haka, shi ya sa suke sa mutanen gari su zana ƙasarsu a ƙasa da toka da duwatsu. Abin takaici, ma'aikaci yakan kwafe a takarda ya shiga mota da ita, iska ta share na ƙasan.

Saboda haka abin da zan so in gani shi ne allo, babba, a bakin kasuwar dabbobi ta Sakabal ko ta Dakoro, da gefen manyan rijiyoyi, wanda aka zana da dabarar su Niehues. A kalli ƙasar a karkace kamar daga bayan shaho, ba daga tsakar ka ba. Burtali ya fito da faɗinsa da turakunsa, gonaki a gefe da launin gero, kwarin Tarka ya ratsa da duhun itatuwansa, kowace rijiya da siffarta, ta siminti daban, ta gargajiya mai bakin itace daban, famfo daban. Kuma ba dole arewa ta hau sama ba. Mutumin da yake kwatance da gabas saboda alƙibla, ko wanda ya fuskanci kudu zai koma gida, a zana masa ƙasar yadda take shimfiɗe a gabansa. Masu iya wannan aiki muna da su. Wanda ya iya zana zaki da dabino a bayan babbar mota, ko kawunan aski a allon shagon wanzamin zamani, ya san yadda ake sa hoto ya yi magana daga nesa.

Amma a nan kamannin ya tsaya, kuma bambancin ya fi kamannin nauyi.

Dutsen wasa mai shi ɗaya ne. In mai zane ya ninka faɗin wata hanya, ba wanda aka ci wa ko taku ɗaya. Burtali kuwa duk abin da aka ƙara masa a allo, a idon manomi daga gonarsa aka yanka, duk abin da aka rage kuma makiyayi zai ce an sayar da shi. Ƙarin gishirin da ya zama gwaninta a Kolorado, a Dakoro yana iya zama hujjar faɗa. Don haka allon ba zai taɓa maye gurbin awo ba. In gardamar iyaka ta tashi, turke da kundin Kofo ne shaida, kuma ya kamata a rubuta hakan ɓaro-ɓaro a jikin allon kansa. Aikin zanen shi ne ya nuna cewa hanya tana nan, daga ina ta taso, ina ta nufa, me ke kanta. Mita nawa ce, wannan na masu awo ne.

Sai maganar suna. Hanyoyin dutsen wasa kamfani ne yake raɗa musu suna, ba mai musu. A arewacin Dakoro rijiya ɗaya tana iya amsa suna a Hausa, wani a Fulatanci, wani a Buzanci, kuma sau da yawa sunan na wanda ya haƙa ta ne ko ya biya aka haƙa. A ƙasar kiwo kuwa mai rijiya shi ke da fifiko a kan ciyawar da ke kewaye da ita, ko da yake al'ada ba ta yarda ya hana baƙo shayarwa ba, sai dai a yi shawara kan kwana nawa zai yi. Ka ga ke nan ranar da mai fenti ya rubuta suna ɗaya ya bar biyu, ya yanke shari'ar da ba a kawo gabansa ba. Ko dai a rubuta duka, da boko da ajami da tifinar, ko a bar hoton ya wadatar. Zanen fensir ɗin nan da Niehues ya riƙa aika wa mai dutse, a nan sai an baje shi gaban maigari da arɗo da shugaban Buzaye da matan da suke ɗibar ruwa, kowa ya sa yatsa, kafin a buɗe gwangwanin fenti. Wannan zaman ya fi zanen wuya, ina kuma zaton ya fi shi amfani.

Akwai kuma lokaci. Ɗan wasan ƙanƙara yanayi ɗaya ya sani. Ƙasar Dakoro fuska biyu gare ta aƙalla. Da damina tafkuna cike suke, gonaki a rufe, burtali shi ne kaɗai mafita. Da rani tafki ya zama fako, an saki gonaki, dabba tana bin kara, rayuwa ta koma bakin rijiya. Allo ɗaya ba zai ɗauki duka biyun ba tare da ya rikita mai kallo ba, sai dai a yi biyu gefe da gefe, ɗaya kore ɗaya ruwan ƙasa.

Abin da ya fi damuna shi ne wanda ba a cika faɗa ba. Duk abin da aka zana yakan sami ƙarfi, abin da aka bari kuma ya zama kamar ba shi da mai shi. Kiwo a Sahel ba a kan layi yake tafiya ba, inda ruwa ya zuba nan ake nufa, shi ya sa Wodaɓe suke da garso, mai fita neman labarin ciyawa kafin a tayar da ruga. Bana nan, baɗi can. In aka zana burtali uku da makiyaya huɗu aka yi musu kyakkyawan launi, mai neman gona ko mai kuɗin da ke son killace daji zai nuna sauran farin wurin ya ce ai ba kowa. A kudancin Tarka, inda gona ta riga ta mamaye, zanen yana kare ɗan abin da ya rage. A arewacinta kuwa, inda doka ta ce ƙasar duka ta kiwo ce, zana zirin hanya yana iya rage wa makiyayi haƙƙi maimakon ya ƙara masa. Can sai a shafe ƙasar gaba ɗaya da launin makiyaya, gonakin da suka kutsa su ne za su fito a matsayin tsibirai. Haka nan ba komai ake sa wa a allon kasuwa ba. A shekarun nan da ɓarayin shanu suka addabi bakin iyakar Madarunfa da Gidan Rumji, ba makiyayin da zai gode maka don ka nuna inda yake kwana da garkensa. Abin da yake na kowa, shi ake zanawa.

Wani zai ce duk wannan wahalar ta mece ce, tunda makiyayi yanzu da wayarsa yake yawo, yana cajinta da hasken rana, yana kiran ɗan'uwansa ya ji inda aka yi ruwa. Gaskiya ne, kuma makiyayi ba ya ɓata a burtali, ya fi kowa saninsa. Ba don a nuna masa hanya ake bukatar allon ba. A dutsen wasa, babban amfanin taswirar shi ne hoto ɗaya ne a aljihun kowa, wanda ya faɗi ya karye da masu zuwa ceto suna kiran wuri da suna ɗaya. Waya kowa tasa yake kallo shi kaɗai. Allo kuwa mutum goma suke tsayawa gabansa, yaron da ya gaji gona bai san kakansa ya yarda da iyakar ba ya gani, baƙon da ya zo daga Zamfara da tumakin Uda ya gani, sabon ma'aikacin da aka turo daga Yamai ya gani. Wanda zai tura kunyarsa cikin burtali zai yi ne yana sane cewa duk mai zuwa kasuwa ya san siffar wurin.

Kuɗin allo da fenti ba komai ba ne in aka gwada da na turakun siminti. Inda abin yake maƙalewa shi ne sabuntawa. Ranar Dakoro da ƙurar hunturu ba sa barin fenti ya daɗe, ƙasar ma tana sauyawa: a haƙa sabon famfo, wani tafki ya cike da yashi, a buɗe burtalin da ya toshe. Masu dutsen ƙanƙara sukan sa a gyara zanensu duk lokacin da suka ƙara hanya, domin da shi suke cin abinci. Ayyukan tallafi kuwa wa'adi gare su, in sun tashi ba mai komawa ya duba. In za a yi, sai dai kuɗin gyaran ya fito daga harajin da ƙananan hukumomi suke karɓa a kan kowace dabbar da aka sayar a kasuwa, a kuma rubuta shekarar zanen a ƙasan allon tare da hatimin Kofo.